Ƙoƙon Kan Monjuro

Duk wanda ya yi aiki a kamfanin fim na Shirasagi a nan Uzumasa, a gefen birnin Kyoto, kafin yaƙi ya san Tokuzo mai hular gashi, ko da bai taɓa jin muryarsa ba. Gajere ne mai faɗin kafaɗa, hannunsa kullum cikin warin man gashi, har matarsa Oshina takan ce ko shinkafa ya taɓa sai ta ɗanɗano sana'arsa a ciki. Ubansa wanzami ne a Fushimi. Shi kuwa a bayan dandalin kabuki, wasan kwaikwayon gargajiya, ya koyi aiki, inda ya shekara bakwai yana wanke gashi yana tsefewa kafin a yarda ya riƙe guduma. Da fim ya shigo Kyoto, manyan sana'ar suka taɓe baki suka ce wasan inuwa ne, ba zai kai baɗi ba. Tokuzo bai yi musu da kowa ba, ya dai naɗe kayansa ya bi Kuroiwa, mai Shirasagi.

Wanda bai san aikin ba sai ya ɗauka gashi ne kawai. Gashi shi ne na ƙarshe. Kafin shi akwai ƙoƙo, fallen jan ƙarfe da ake bugawa da 'yar guduma har ya ɗauki siffar kan mutum ɗaya tak, da tudunsa da kwarinsa. A kan ƙoƙon ake manna siliki, a dasa gashi, a ɗaure tukkun samurai, mayaƙan da. In ƙoƙo ya zauna daidai, jarumi zai diro daga kan rufi ya sare mutum goma hula ba ta motsa ba. In ya kuskure da kaurin farce, kafin tsakar rana ciwon kai ya kama mai shi, kuma kyamara ba ta rufa wa kowa asiri.

Kuroiwa shi ne mai kamfanin, shi ne furodusan duk abin da aka ɗauka a cikinsa. Da can yawon ƙauyuka yake da majigi a bayan amalanke, kuma har ya yi arziki bai daina ƙirga kawunan 'yan kallo da ido ba. Taurarinsa 'ya'yansa yake ce musu, su kuma su ce masa Baba. Ba ƙarya yake ba, yana son su, irin son da mutum ke yi wa gonarsa. Shi ke raɗa musu suna, shi ke zaɓa musu gida da tela, shi ke faɗin wanda za su gaisa da shi a hanya da ranar da za a gaya wa 'yan jarida an haife su. Sunan na kamfani ne, hular gashin ta kamfani ce. Abin da ya rage wa mai shi ba shi da yawa.

Babban ɗan gidan shi ne Monjuro Asagiri. Shekara goma sha biyu kafin abin da zan faɗa, sunansa Tomekichi, yana kawo awara ɗakin cin abincin ma'aikata da bokiti biyu a kafaɗa. Kuroiwa ya hango tafiyarsa ta taga, ya sa aka kira shi, ya juya shi gaba da baya, ya ce fuskar ta yi tsawo amma a kai wa Tokuzo ya gani. Tokuzo ya shafa kan da tafin hannu. Ya ji wani ɗan kwarmi a bayan kunnen hagu, inda saurayin ya taɓa faɗowa daga kwalekwale. Sai ya sauko da layin goshi kaurin yatsa ɗaya, ya yi masa ɗan tsini a tsakiya. Da aka ɗora hular, doguwar fuskar nan ta mai awara ta ɓace, wata ta fito, wadda daga baya 'yan matan masaƙa ke yankowa daga mujalla suna ɓoyewa a ɗamara. Kuroiwa ya sha faɗa a gaban mutane cewa shi ya yi Monjuro. Tokuzo yakan ji, ya ci gaba da taje gashinsa.

Tun daga ranar, ba safiyar aiki da ba shi ya ɗaura masa hula ba. Tokuzo da Oshina ba su haihu ba, kuma ba sai an ɓoye ba: ya so yaron nan kamar ɗan cikinsa. Ya san ranar da ya sha giya, ya san ranar da bai yi barci ba, duk daga yadda fatar kansa ke amsa yatsa.

Shekarar 1933 ta zo wa Monjuro da nauyi. Fim goma sha huɗu ya yi a cikinta, biyu daga ciki da karyayyen haƙarƙari a ɗaure cikin riga. Da ya roƙi hutun wata ɗaya, Kuroiwa ya rungume shi ya ba shi agogon zinariya. Da ya ce yana so ko sau ɗaya ya fito ba takobi a hannu, Kuroiwa ya yi dariya har da hawaye, ya ce mutane ba su sayi tikiti don su ga yana shan shayi ba. A wannan shekarar kuma wani kamfanin Osaka, Minatoya, ya fara zagaye yana zawarcin taurarin mutane a ɓoye. Masu kamfanonin Kyoto, waɗanda ba sa ga maciji da juna, nan da nan suka haɗa kai: duk ma'aikacin da aka kama da hannu a irin wannan, in an kore shi daga ɗaya, sauran ba za su ɗauke shi ba. Tauraro ba a korarsa, ai shi ne jarin. Ƙananan ma'aikata dokar ke kallo. Tokuzo a lokacin yana da shekara hamsin da huɗu, gidan da yake ciki na kamfani ne, kuma ban da buga ƙoƙo da dasa gashi ba abin da ya iya a duniya.

Saura kwana uku shekara ta ƙare, da safe, su biyu a ɗakin shiri, Tokuzo yana jan silikin da ake naɗe kai da shi, Monjuro ya dubi madubi ya yi ƙasa da murya.

"Kawu Toku, zan tafi."

Tokuzo bai tsaya ba. Ya ja igiyar ya ƙulle, ya gyara gefen kunne, sannan ya tambayi ina. Monjuro ya ce Osaka. An gama magana, goma ga watan Janairu za a fara ɗauka, kuma sun ce lauyoyinsu za su ji da batun suna. Abu ɗaya ya rage. Mai hularsu ya gwada shi a wani masauki, abin da ya fito da shi kuwa, in ji Monjuro, ko mai tallan kabewa ba zai yarda ya sa ba. Ƙoƙunansa duka suna kan kantar kamfani, mai gadi kuma yana kwance ƙunshin duk wanda zai fita.

"Ka buga mini ɗaya a gida. Ba sai na zauna maka ba, hannunka ya fi ni sanin kaina. In na tafi ba da wannan goshin ba, Kawu, mai awara ne zai sauka a Osaka."

Ya ce ba zai bar su a baya ba. Da ya zauna da gindinsa zai aiko a ɗauke su shi da Oshina, ɗakin aiki guda za a ba shi. Tokuzo ya ce kamfani a buɗe yake har jajibirin shekara, idon kowa a kan kowa, kuma kwana ukun da ke biye ai ya san na hutun kayan aiki ne. Monjuro ya ce guduma ba ta san kalanda ba. Ya faɗa da murmushi, amma wuyansa a jiƙe yake da gumi cikin wannan sanyi, kuma Tokuzo yana jin haƙarƙarin da bai gama ɗorewa ba a yadda yake jan numfashi. Bai ce to ba, bai ce a'a ba. Monjuro kuwa ya san irin wannan shirun nasa amincewa ne.

A jajibirin shekara Tokuzo ya yi abin da kowane mai sana'a a layinsu ya yi. Ya goge gudumominsa da almakashi da matajai, ya shimfiɗa farar takarda a gaban ɗan wurin bauta na gida, ya jera su, ya ajiye musu curin shinkafa da lemo ɗaya a kai, ya rusuna ya gode musu. Daga nan har safiyar kwana na huɗu ba mai taɓa su. Wanda ya tashe su daga hutu, tsiyar ba a kansa kaɗai take sauka ba, har maƙwabta take shafa, haka muka tashi muka ji. Layin gidajen kamfani kuwa gida goma ne a jere, bango ɗaya tsakanin kowane biyu, kuma bangon katako ne da yaɓe. A kwanakin nan uku ko ƙusa aka yar a gidan farko, na ƙarshe zai ji.

Oshina ta ji batun ta ajiye abin da ke hannunta. Ta ce shi Monjuro in ya faɗi a kan katifa zai faɗi, su kuma a kan dutse. Ta tambaye shi ko ya taɓa ganin wanda ya hau jirgin ƙasa ya tuna da wanda ya riƙe masa jaka. Tokuzo ya ce yaron yana mutuwa a tsaye. Ta ce to ya jira kwana na huɗu mana. Ya ce kwana na huɗu yana kamfani daga safe har yamma, kuma dasa gashi kaɗai zai ci sauran kwanakin.

Ranar farko ya daure. Ya sha miyar sabuwar shekara, ya gaisa da maƙwabta, ya zauna kusa da kaskon wuta yana kallon farar takardar nan. Rana ta biyu da hantsi, da ya ji yawancin layin sun fita ziyarar wurin bauta, ya durƙusa ya ɗauki 'yar gudumar, ya ba ta haƙuri. Ya naɗe bakinta da tsumma, ya shiga ma'ajin katifu, ya ɗora gunkin kai na itace da yake aiki a kansa bisa bargo ninki huɗu, ya ja ƙofa. Haka ya yi ta bugu a hankali cikin duhun ma'aji, yana shafawa da yatsa, ido a rufe, har ƙoƙon ya tashi.

Da ya tsaya nan, da ƙila ba wanda ya ji. Amma guduma mai tsumma ba ta fitar da kwarmi, kuma wurin nan na bayan kunnen hagu ya ƙi zama. Wani zai ce ai ɗan wuri ne, a cusa auduga a wuce. Tokuzo bai taɓa cusa auduga a aikinsa ba, raina masu yi ma yake. Ya zauna da ƙoƙon a cinya ya daɗe, yana sane da abin da zai biyo baya, sannan ya warware tsumman. Bugun bai fi ashirin ba. Jan ƙarfe kuwa in ya sami baƙin ƙarfe tsirara sai ya yi ƙara, siririya, mai tafiya. A bugu na goma sha wani abu ya ji takun takalmin katako a bayan bango ya tsaya. Duk da haka ya ƙarasa.

Ba a jima ba Omasu, matar kafintan kamfani da ke gidan gefe, ta yi sallama da 'yar kyautar sabuwar shekara. Ta durƙusa ta yi gaisuwa yadda ya kamata, amma idonta yana kan farar takarda, inda gurbin guduma ɗaya yake fili.

"Ashe gudumar gidan nan ba ta san gajiya ba," in ji ta.

Oshina ta ce murfin tukunya ne ya lanƙwashe. Omasu ta ce to, murfin tukunya. Ba muguwar mace ba ce, kuma ban yarda da masu cewa don mugunta ta yi ba. Bara mijinta ya faɗo daga kan katakon gini ya kwanta wata uku, tun daga nan ko tsuntsu ne ya yi kuka ba daidai ba sai hankalinta ya tashi. Ta faɗa wa matar direban Kuroiwa don ta sami sauƙin zuciya. Ita kuma matar direba ba ta taɓa kwana da magana a ciki ba.

Safiyar kwana na huɗu aka taru a filin kamfani don buɗe aikin shekara. Mutum ɗari biyu cikin sanyi, kowa da ƙoƙon shansa na katako. Kuroiwa ya fasa murfin gangar giyar shinkafa, aka yi tafi, ya yi jawabinsa na kullum a kan cewa Shirasagi gida ɗaya ne. Sai can wajen ƙarshe ya ce ya ji daɗi ƙwarai, don an ce masa a gidan nan akwai wanda ƙwazonsa bai bar shi ya jira sauran ba, tun rana ta biyu ya buɗe shekara shi kaɗai. Aka yi dariya, yawancin masu dariyar ba su san da wa ake ba. Tokuzo ya sha jinin jikinsa. Ya ɗaga ido ya nemi Monjuro a layin gaba, cikin baƙar riga mai tambarin gida, bai ga komai ba sai ƙeyarsa.

Da aka watse, direba ya taɓa shi a kafaɗa ya ce Maigida na kira.

Ƙoƙon yana kan tebur, a kan ƙyallen da Tokuzo ya naɗe shi da shi ya tura ƙarƙashin katifu. Wato tun ana jawabi an je gidan, kuma Oshina ba ta da yadda za ta yi da mutanen da gidan nasu ne. Kuroiwa yana zaune yana ɗumama hannu a kasko. Ya tambayi lafiyar Oshina, ya tambayi yadda aka ci shekara, sannan ya nuna ƙoƙon da haɓa ya ce na wa ne. Tokuzo ya ce ba na kowa ba ne, hannu ne ya yi masa ƙaiƙayi, ya ɗan motsa shi.

"Shekara arba'in kana wannan aiki, Tokuzo, sai ranar hutun kaya za ka koyi hannu?"

Kuroiwa ya ɗauki ƙoƙon ya juya shi. Mutumin nan bai iya buga ƙusa ba, amma ya san kayansa. Babban yatsansa ya bi gefen ciki a hankali, ya zo bayan kunnen hagu, ya tsaya. Ya buga ƙararrawa ya ce a kira masa ɗansa.

Monjuro ya shigo da fara'a, ya rusuna ya yi wa Baba barka da shekara. Ya ga ƙoƙon, ya ga Tokuzo a durƙushe, fara'ar ba ta ko girgiza ba. Ba a banza ake biyansa ba. Kuroiwa ya ce ya zauna, ya ce wa Tokuzo ya ɗora masa su gani.

Tokuzo ya tashi ya ɗauki ƙoƙon. Dabara ɗaya ta rage masa, ya karkata ƙoƙon kaɗan ya zauna a gicciye, a ce bai yi ba. Ya kuwa karkata shi. Amma yana sakin hannu ƙoƙon ya zame da kansa ya faɗa mazauninsa, kwarmi ya sami kwarmi, ya zauna ɗas kamar murfi a bakin tukunyarsa. Kuroiwa ya zagayo ya bi gefen da farce, bai sami inda farcen zai shiga ba. Tokuzo bai taɓa buga wanda ya kai wannan kyau ba, kuma a ransa, duk da halin da yake ciki, sai da ya ji wannan.

Kuroiwa ya koma ya zauna, ya dubi Monjuro ya yi magana da taushin murya.

"Ɗana, ka san da wannan?"

"Baba, yanzu na fara ganinsa."

Bai tsaya nan ba. Ya ce gaskiya mutanen Osaka sun tare shi sau biyu, ya kore su, bai faɗa ba ne don kada ya ɓata wa Baba rai a ƙarshen shekara. Ya ce ƙila da suka rasa shi sai suka bi ta kan masu taɓa kansa, don in suka sami wannan goshin, kowane mai doguwar fuska za su ɗora wa su ce ga nasu Monjuron. Ya faɗa da baƙin ciki a murya, irin na wanda aka ci amanarsa. Tokuzo yana tsaye a bayansa, yana kallon jijiyar wuyan nan da ya sani tana bugawa da sauri.

"Haka ne, Tokuzo?"

Tokuzo ya ji zafin abin har cikin ƙashinsa, ba kuma zai ce bai yi fushi ba. Maganar gaskiya tana bakinsa, gajeriya ce. Amma ya san Kuroiwa. In aka faɗa a fili, dole Maigida ya nuna wa sauran 'ya'yan abin da ake yi wa mai shirin gudu: saura shekara uku a takardar Monjuro, zai ajiye shi a gida ba fim ko ɗaya har mutane su manta fuskar, Osaka kuma ba za ta jira wanda ake shari'a a kansa ba. Shi kuwa Tokuzo ko ya faɗa ko bai faɗa ba, shi ya buga ƙoƙon, korarre ne. Bambancin kawai, in ya yi shiru zai fita da sunan ɓarawo. Ya durƙusa, ya kai goshinsa tabarma.

"Haka ne, ranka ya daɗe."

Kuroiwa ya numfasa. Ya ce wa Monjuro ya je ya shirya, kuma in an gama wannan fim ya ɗauki wata guda ya je ruwan zafi ya huta, Baba ya lura ya rame. Monjuro ya cire ƙoƙon da hannu biyu ya ajiye a tebur, ya rusuna ya fita, bai dubi gefen da Tokuzo yake ba.

Da ƙofa ta rufu Kuroiwa ya juya garwashi, ya dubi Tokuzo.

"Na san ƙarya ce. Kai ma ka san na sani. Amma yanzu ya san na kama shi na kuma rufa masa asiri, ba inda za shi har abada. Da zan iya riƙe ku duka biyu da na riƙe. Kai dai ba wanda ke sayen tikiti ya kalle ka."

Ya ba shi zuwa ƙarshen mako ya bar gidan. Ya ce zuwa gobe sauran kamfanoni za su ji, ba yadda zai yi, doka ce da shi ma ya sa hannu. Sai ya duba agogo ya ce ƙarfe biyu za a ɗauki fitowar farko ta shekara, ba a ɗaga ta, kuma ba wanda zai iya ɗaura wa Monjuro hula yau in ba shi ba.

Tokuzo ya je ya ɗaura. Ya ɗumama man a tafin hannu kamar kullum don kada sanyinsa ya taɓa fata, ya naɗa siliki, ya ja gefen ido, ya saukar da hula. Monjuro idonsa a rufe tun daga farko har ƙarshe. Sau ɗaya ya buɗe baki ya ce Kawu, Tokuzo ya ce kada ya motsa, layin goshi zai goce. Da ya gama ya ja da baya ya duba aikin ta madubi, ya gyara silin gashi ɗaya, ya tattara matajansa ya fita.

Suka koma wani ɗan ɗaki a bayan shagon ƙanin Oshina, can wajen Gojo. Tokuzo ya zagaya kamfanoni uku, ko'ina mai gadi ya san sunansa kafin ya faɗa. Waɗanda ya koya wa aiki suka riƙa tsallaka titi in sun hango shi. Daga ƙarshe wani mai 'yar tsana ya ba shi dasa gashi a kawunan da ba su fi ƙwan kaza ba, yana yi yana runtse ido. A mujallu kuwa ga hoton Kuroiwa da Monjuro kafaɗa da kafaɗa, an rubuta uba da ɗa a ƙasa.

Da furannin bazara suka fara zuba, direban nan ya ɓullo ta ƙofar baya, da fallen jan ƙarfe uku a naɗe cikin jarida. Ya yi ta kame-kame kafin ya faɗi abin da ya kawo shi. Ƙoƙunan da ke kanta sun fara gajiya, sabon mai hula ya buga biyar ba wanda ya zauna, Monjuro kullum kafin tsakar rana kansa kamar zai tsage, har an tsayar da ɗauka sau biyu. Maigida ya ce ko Tokuzo zai riƙa bugawa a gida. Ba zai taka kamfani ba, ba zai ga Monjuro ba, ba za a ambaci sunansa ba, don a idon duniya shi ɓarawo ne kuma haka zai zauna. Direba zai riƙa kawowa yana karɓa.

Oshina ta miƙe tsaye. Ta ce wato abin da aka kore shi a kai, aka ɓata masa suna a kai, shi ne yanzu ake aiko masa har gida. Ta ce wa direban ya kwashe ƙarfensa tun ba ta watsa masa ruwan wanke-wanke ba. Direba ya sunkuyar da kai yana jira. Tokuzo ya miƙa hannu ya karɓi ƙunshin.

Shekara tara yana bugawa a wannan ɗan ɗaki, bai sake ɗora hannu a kan nan ba ko sau ɗaya. Kai kuwa yana canzawa da shekaru, nama yana ƙaruwa a ƙeya, gefen goshi yana faɗawa. Don haka duk fim ɗin Monjuro da ya fito sai ya je ya zauna a kujerar gefe, ba ruwansa da labarin, yana jiran inda jarumin zai juya kai, ya dawo gida ya gyara na gaba da abin da ya gani. A allon sunaye kuwa sunan wani ke fitowa a gurbin mai hula.

Oshina ba ta taɓa yafe wa kowa a cikinsu ba, har shi. Wata rana da ta gaji da jin gudumar ta tsaya a kansa ta tambaye shi, bayan duk abin da mutanen nan biyu suka yi masa, don me. Tokuzo bai ɗago ba, yana shafa bayan kunnen hagu na ƙoƙon da yatsa.

"In ban buga ba," in ji shi, "kansa zai yi ciwo."